Kiristanci da bauta: Tarihin muhawarar da ta ɗauki ƙarnuka, da yadda ta iso Zamfara

Kalmar "fansa" tana da ma'ana uku a kunnen mutumin Zamfara. A majami'un Gusau, Kiristoci masu ibada da Hausa suna kiran Yesu Almasihu Mai Fansa. A bakin kakanni, fansa ita ce dukiyar da dangi ke harhaɗawa su karɓo ɗan'uwansu da aka kama aka mayar bawa. A yau kuwa, a ƙauyukan Tsafe da Bungudu, da zarar an ambaci fansa sai gaban mutum ya faɗi, domin ya san kuɗin da 'yan bindiga ke yanka wa iyalan wanda suka sace ake nufi.

Duk lokacin da cacar baki kan addini ta tashi tsakanin matasa a Facebook ko X, da wuya a tashi ba a jawo batun bauta ba. Wani zai ce da jiragen cinikin bayi Kiristanci ya shigo Afirka. Wani ya mayar masa da cewa ai Kiristoci ne suka kawo ƙarshen bauta a duniya. Kowannensu ya riƙo wani yanki na gaskiya ya saki sauran. Wannan maƙala ta tattaro yadda muhawarar ta gudana a cikin coci, da irin ta da malaman Musulunci suka yi a nan gida, da inda tarihin biyu suka haɗu a ƙasar Hausa.

Abin da ke cikin Littafi Mai Tsarki

Masu goyon bayan bauta da masu adawa da ita duk littafi ɗaya suke buɗewa, kuma kowane ɓangare ya sami abin kafa hujja. A Tsohon Alkawari, Littafin Firistoci sura 25 ya halatta wa Isra'ilawa sayen bayi daga al'umman da ke kewaye da su, har su bar wa 'ya'yansu gado. Amma Littafin Fitowa sura 21 ya yanke hukuncin kisa ga wanda ya saci mutum ya sayar. Labarin Fitowa baki ɗayansa ma labarin kuɓutar da bayi ne daga hannun Fir'auna.

A Sabon Alkawari, wasiƙun Manzo Bulus zuwa ga Afisawa da Kolosiyawa sun umarci bayi su yi wa iyayengijinsu biyayya, suka kuma gargaɗi iyayengiji su yi adalci. Shi dai wannan Bulus ɗin ya rubuta wa Galatiyawa cewa a cikin Almasihu babu bambanci tsakanin bawa da ɗa. A gajeriyar wasiƙarsa zuwa ga Filimon, ya mayar da wani bawa mai suna Onisimus ga ubangidansa, tare da roƙon a karɓe shi kamar ɗan'uwa. Masu bayi suka ce, kun gani, mayar da shi ya yi. Masu adawa suka ce, a'a, ai ɗan'uwa ya kira shi, kuma ba a sayar da ɗan'uwa.

Akwai kuma labarin Annabi Nuhu a Littafin Farawa sura 9, inda ya la'anci jikansa Kan'ana ɗan Ham. Nassin bai ambaci launin fata ba ko kaɗan. Masu tafsiri na baya ne suka liƙa wa baƙar fata wannan la'ana, har ta zama hujjar da aka fi yayatawa a zamanin cinikin bayi.

Malaman coci na farko

A daular Rum bauta ruwan dare ce, kuma yawancin malaman coci na ƙarnukan farko sun karɓe ta a matsayin yadda duniya take. Suna kwaɗaitar da kyautata wa bawa da 'yanta shi, ba tare da sun nemi a rushe tsarin ba. Augustine, bishop na Hippo a ƙasar Aljeriya ta yau, wanda ya rasu a shekarar 430, ya koyar da cewa Allah bai halicci mutum don ya mallaki ɗan'uwansa ba, zunubi ne ya jawo bauta, amma ya ɗauke ta a matsayin hukuncin da za a jure. Duk da haka, a wata wasiƙarsa ya koka kan fatake masu satar mutane a ƙauyukan Arewacin Afirka, ya kuma ba da labarin yadda 'yan cocinsa suka kuɓutar da mutum kusan 120 daga hannunsu.

Wanda ya fita daban shi ne Gregory na Nyssa, bishop a ƙasar Turkiyya ta yau a ƙarni na 4. A cikin wa'azinsa ya soki mallakar mutum daga tushe, bisa hujjar cewa wanda aka halitta cikin siffar Allah ba shi da farashin da za a saye shi. Maganarsa ba ta sami mabiya ba a zamaninsa. Sai da aka shafe fiye da shekara dubu kafin irin wannan hujja ta zama ra'ayin jama'a da yawa.

Paparoma, Fotugal da Tekun Atlantika

Da jiragen Fotugal suka fara zagaya gaɓar Afirka ta Yamma, Paparoma Nicholas na Biyar ya fitar da takardu biyu, Dum Diversas a 1452 da Romanus Pontifex a 1455, waɗanda suka ba Sarkin Fotugal izinin yaƙar Musulmi da maguzawa da mayar da su bayi na har abada. Daga ƙarni na 16 zuwa na 19, masana sun ƙiyasta an loda 'yan Afirka kimanin miliyan 12.5 a jiragen ruwa zuwa nahiyar Amurka. Kusan miliyan biyu ba su kai gaci da rai ba. Cikin waɗanda suka isa akwai Hausawa, waɗanda suka yi suna wajen tayar da bore a Bahia ta ƙasar Brazil tun daga 1807.

Adawa ta fara tasowa daga cikin cocin kanta. A 1511, wani limami ɗan ɗarikar Dominikan, Antonio de Montesinos, ya hau mumbari a tsibirin Hispaniola ya shaida wa Turawan Sifaniya cewa suna cikin babban zunubi saboda yadda suke bautar da 'yan asalin ƙasar. Bartolomé de las Casas, wanda shi ma daga baya ya shiga wannan ɗarika, ya ɗauki gwagwarmayar. A 1537 Paparoma Paul na Uku ya haramta bautar da 'yan asalin Amurka, sannan a 1550 zuwa 1551 aka yi shahararriyar muƙabala a birnin Valladolid tsakanin Las Casas da Juan Ginés de Sepúlveda, wanda ya dogara da falsafar Aristotle ya ce wasu mutane bayi ne tun daga halitta.

Las Casas yana da nasa tabon. Tun farko ya ba da shawarar a kawo bayi daga Afirka don a sauƙaƙa wa 'yan asalin Amurka, daga baya ya rubuta nadamarsa. Kuskurensa ya nuna yadda muhawarar ta kasance tsawon lokaci. Tambayar da ake yi ita ce wa ya halatta a bautar. Kaɗan ne suka kai ga tambayar ko bautar kanta ta halatta.

'Yan Afirka Kiristoci ba su yi shiru ba. A 1526 Sarki Afonso na Ɗaya na Kongo ya rubuta wa Sarkin Fotugal yana ƙorafin cewa fatake suna sace talakawansa har da 'ya'yan sarauta. A 1684 Lourenço da Silva de Mendouça ya kai ƙara har birnin Rum a madadin baƙaƙen Kiristoci, kuma a 1686 fadar Paparoma ta yi tir da kamawa da sayar da mutanen da ba su yi laifin komai ba. Sarakunan Turai suka yi kunnen uwar shegu. A 1838 ma limaman ɗarikar Jesuit a Maryland sun sayar da bayi 272 don biyan basussuka, ciki har da na kwalejin Georgetown, shekara guda kafin Paparoma Gregory na 16 ya fitar da takardar la'antar cinikin bayi a 1839.

Furotesta da gwagwarmayar hana cinikin bayi

A ɓangaren Furotesta ma haka lamarin yake, hannu biyu. Ƙungiyar yaɗa bishara ta cocin Ingila, SPG, ta gaji gonakin rake na Codrington a tsibirin Barbados a 1710, ta ci gaba da noma su da bayi, har an taɓa yi wa bayin lamba da wuta a ƙirji. A 1742 Jacobus Capitein, wanda aka kama yana yaro a ƙasar Ghana ta yau, ya gabatar da kundi a Jami'ar Leiden yana cewa bauta ba ta saɓa wa 'yancin Kirista ba, domin 'yancin na ruhu ne. Daga nan aka tura shi limanci a gidan ajiye bayi na Elmina. A 1807 an buga wani taƙaitaccen Littafi Mai Tsarki a Landan musamman don bayin Karibiyan, aka cire yawancin labarin fitowar Isra'ilawa daga Masar.

A ɗaya hannun, mabiya ɗarikar Quaker a Germantown ta Amurka sun rubuta takardar adawa da bauta tun 1688. John Wesley, wanda ya kafa Metodis, ya wallafa ɗan littafin sukar bauta a 1774. Tsofaffin bayi biyu daga Afirka ta Yamma, Ottobah Cugoano a 1787 da Olaudah Equiano a 1789, sun buga littattafan da suka tuhumi Kiristocin Turai da ma'aunin addininsu. A majalisar dokokin Birtaniya William Wilberforce ya jagoranci yunƙurin da ya kai ga haramta cinikin bayi a 1807. Su ma bayin ba su zauna jiran majalisa ba: boren da Samuel Sharpe, wani dikon na cocin Baftis, ya jagoranta a Jamaika a 1831 ya gaggauta dokar soke bauta ta 1833. Sai dai diyyar fam miliyan 20 da gwamnati ta ware, masu bayi aka biya. Bayin ba su sami ko sisi ba.

A Amurka batun ya tsaga coci-coci gida biyu. Metodis ta rabu a 1844, kuma a 1845 aka kafa Southern Baptist Convention bayan saɓani kan ko mai bayi zai iya zama ɗan mishan. Fastocin Kudu suna karanta Afisawa, bayi a asirce suna waƙoƙin Musa da Fir'auna. Frederick Douglass, wanda ya tsere daga bauta, ya bambanta addinin Almasihu da addinin masu bulala. Wa'azi bai raba gardamar ba. Yaƙin basasa na 1861 zuwa 1865 ne ya raba ta.

Muhawarar da ta riga Turawa a ƙasar Hausa

Kafin ɗan mishan na farko ya tako ƙasar Hausa, malaman Musulunci sun daɗe suna tasu muhawarar, kuma ta yi kama da ta coci ƙwarai. Wajen 1615 Ahmad Baba na Timbuktu ya rubuta Mi'raj al-Su'ud, inda ya yi fatawar cewa launin fata ba dalilin bauta ba ne, ya yi watsi da hujjar la'anar Ham, ya kuma lissafa ƙasashe irin su Kano da Katsina da Borno a matsayin na Musulmi waɗanda bai halatta a bautar da mutanensu ba. Bai haramta bauta gaba ɗaya ba, iyaka ya shata mata.

Bautar da 'ya'yan Musulmi na cikin manyan koke-koken Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a kan sarakunan zamaninsa. Harin da dakarun Gobir suka kai wa jama'ar Abdussalami a Gimbana, da yadda almajiran Shehu suka kwance kamammun a lokacin da aka biyo da su ta kusa da Degel, na cikin abubuwan da suka kai ga hijira zuwa Gudu a 1804. Amma da yaƙi ya kankama, sai tambayar wane ne Musulmi ta zama ta rai da mutuwa. 'Yandoto, tsohon garin malamai da ke ƙasar Tsafe ta yau, ya faɗa hannun rundunar Muhammadu Bello bayan malamansa sun ƙi bin jihadin. Daga Borno, Shehu Muhammad al-Amin al-Kanemi ya rubuto yana tambayar hujjar yaƙar mutanen da ke salla da kama 'ya'yansu, kuma Bello ya adana wannan musayar wasiƙu a littafinsa Infaq al-Maisur.

Daular da aka kafa ta dogara da aikin bayi a rinji da gandu, da fatauci, da gidajen sarauta. Masana tarihi Paul Lovejoy da Jan Hogendorn sun ƙiyasta cewa wajen 1900 akwai bayi tsakanin miliyan ɗaya da miliyan biyu da rabi a Daular Sakkwato. Tsarin yana da ƙofofin fita: 'yantawa don kaffara ko neman lada, fansar dangi, da murgu, inda bawa ke sana'ar kansa yana biyan ubangidansa wani kaso. Labarin Baba ta Karo, da littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, sun nuna yadda satar mutane da neman fansa suka kasance cikin rayuwar yau da kullum a ƙarshen ƙarni na 19.

'Yantattun bayi da rubutun Hausa na boko

Haɗuwar Kiristanci da harshen Hausa ta faro ne daga 'yantattun bayi. Jiragen yaƙin Birtaniya da ke tare jiragen bayi suna sauke waɗanda suka kuɓutar a Freetown ta Saliyo, kuma akwai Hausawa a cikinsu. A wurinsu James Frederick Schön, Bajamushe ɗan mishan na ƙungiyar CMS, ya fara koyon Hausa. A 1841 ya shiga tawagar da ta hau Kogin Kwara tare da Samuel Ajayi Crowther, Bayarabe da aka kama yana yaro a 1821, aka kuɓutar da shi a teku a 1822, wanda a 1864 ya zama baƙar fata na farko da ya riƙe muƙamin bishop a cocin Angilikan. Manufar tafiyar ita ce ra'ayin Thomas Fowell Buxton cewa bishara da noma da halastaccen ciniki za su kashe kasuwar bayi.

Babban malamin Schön shi ne Dorugu, yaro Bahaushe daga yankin Damagaram da aka kama aka sayar, aka 'yanta shi a Kukawa, sannan Heinrich Barth ya tafi da shi Turai a 1855 tare da abokinsa Abbega. Daga bakin Dorugu aka rubuta tarihin rayuwarsa da tatsuniyoyin da suka fito a littafin Magana Hausa na 1885, kuma gudummawarsa na cikin nahawun Hausa na 1862 da ƙamus na 1876. Dorugu ya dawo gida, ya ƙare rayuwarsa a Kano a 1912. Ke nan wani ɓangare na tushen rubutun bokon da ake karanta wannan maƙala da shi ya fito ne daga bakin yaron da aka taɓa sayarwa.

Ko a cikin cocin Afirka ta Yamma batun bai mutu ba. A Abeokuta, Fasto James Johnson ya yi karo da manyan 'yan coci masu bayi a gidajensu, rikicin da ya taimaka wajen ɗauke shi daga can a 1880.

Kwatarkwashi da dokar Lugga

Da Turawan mulkin mallaka suka ɗaura aniyar cin Arewa, hana farautar bayi ita ce hujjar da Frederick Lugard ya fi gabatar wa mutanen Ingila, kuma 'yan mishan da dama sun mara masa baya da fatan ƙofa za ta buɗe musu. A watan Fabrairun 1903, bayan faɗuwar Kano, rundunar Kanawa da ke dawowa daga Sakkwato ta yi arangama da sojojin Turawa a kusa da Kwatarkwashi, cikin ƙaramar hukumar Bungudu ta yau, inda aka kashe Waziri Ahmadu. A ranar 15 ga Maris Sakkwato ta faɗi.

Dokar da Lugga ya kafa a 1901 ta haramta kamawa da sayar da bayi, ta soke matsayin bauta a gaban kotunan Turawa, ta kuma ce duk yaron da aka haifa daga 1 ga Afrilun 1901 ɗa ne. Amma ba ta 'yanta waɗanda ke hannu ba. Turawa suna tsoron idan bayi suka watse noma zai durƙushe, sarakunan da suke mulki ta hannunsu kuma su juya musu baya. Saboda haka aka riƙa hana gudu, aka tura bayi kotunan alƙalai su fanshi kansu ta hanyar murgu. Bayi da yawa ba su jira ba, suka tsere, kuma akwai gudaddun bayi da dama cikin mutanen Satiru da aka murƙushe a 1906. Sai a 1936 aka kafa dokar da ta soke bauta kwata-kwata a Arewacin Najeriya, shekara 33 bayan faɗuwar Sakkwato.

Yaran da aka ƙwato daga hannun fatake, waɗanda ba a san garuruwansu ba, gwamnati ta tara su a gidajen 'yantattun bayi a Zungeru da Borno. A 1909 ƙungiyar mishan ta SUM ta buɗe gidan tunawa da Lucy, matar Karl Kumm, a Rumaisha da ke bakin Kogin Binuwai, aka mayar da yaran Zungeru can, daga baya gidan ya koma Wukari. Daga cikin irin waɗannan yara aka sami wasu daga malaman makaranta da masu wa'azi da ma'aikatan asibiti na farko a Arewa. Masu suka suna nuni da cewa da yawansu sun rasa sunayensu da harsunansu, wasu kuma an rarraba su gidajen Turawa da ma'aikata suna aikin gida da sunan riƙo. Abin da 'yan mishan suka sa rai kuma bai samu ba: gwamnatin mallaka ta taƙaita musu shiga masarautun Musulmi, abin da Dokta Walter Miller na Zariya ya yi ta suka har ƙarshen rayuwarsa.

Yadda coci ta iso Gusau da Tsafe

Saboda wannan taƙaitawa, Kiristanci ya iso yankin Zamfara a makare, lokacin da kasuwannin bayi sun riga sun rufe. Layin dogo daga Zariya ya ratsa Gusau zuwa Ƙaura Namoda a ƙarshen shekarun 1920, ya kawo ma'aikata da 'yan kasuwar gyaɗa da auduga daga Kudu, waɗanda suka kafa majami'unsu. Mishan ɗin CMS, wanda ya koma Wusasa a 1929, ya kuma ga fitowar cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausa a 1932, ya faɗaɗa aikinsa zuwa Tsafe, wadda Turawa ke rubutawa Chafe. A shekarun 1950 limamai da 'yan'uwa mata na ɗarikar Dominikan daga Amurka suka mayar da Gusau cibiyar aikin Katolika a yankin Sakkwato. Ɗarikar Montesinos da Las Casas ke nan, mai ɗauke da tarihin adawa da bauta da kuma tarihin kuskuren da aka yi wa Afirka.

Kiristocin Zamfara na yau, Hausawa 'yan ƙasa da waɗanda kakanninsu suka zo da jirgin ƙasa, ba su da hannu a takardun Paparoma na ƙarni na 15, kamar yadda maƙwabtansu Musulmi ba su da hannu a hare-haren kama bayi na ƙarni na 19. Idan aka bi salsala, a kowane ɓangare za a sami jikokin waɗanda suka mallaka da jikokin waɗanda aka mallaka.

Neman gafara, da abin da ya rage

A 1992 Paparoma John Paul na Biyu ya ziyarci tsibirin Gorée a Senegal ya nemi gafara kan hannun Kiristoci a cinikin bayi. Southern Baptist Convention ta yi haka a 1995, majalisar cocin Ingila a 2006, kuma a Janairun 2023 hukumar kula da dukiyar cocin Ingila ta sanar da ware fam miliyan 100 bayan bincike ya gano alaƙar asusunta da cinikin bayi. A ɓangaren Musulmi, Ahmad Bey na Tunusiya ya soke bauta tun 1846 da goyon bayan malamai. A 2014, lokacin da ƙungiyar IS da Boko Haram suka yi iƙirarin dawo da bauta, malamai fiye da 120 daga sassan duniya sun sa hannu a buɗaɗɗiyar wasiƙa suna cewa dawo da ita haramun ne. A watan Disambar wannan shekara shugabannin addinai, ciki har da Paparoma Francis da wakilin Al-Azhar, suka rattaba hannu kan sanarwar yaƙi da bautar zamani.

Sashe na 34 na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya haramta bauta da aikin tilas, kuma tun 2003 akwai hukumar NAPTIP mai yaƙi da safarar mutane. A Nijar, kotun ECOWAS ta yanke hukunci a 2008 cewa gwamnati ta gaza kare Hadijatou Mani, wadda aka sayar tana yarinya. Doka dai ta gama magana, manyan malaman addinan biyu ma haka.

Abin da bai ƙare ba shi ne sa wa mutum farashi. A ranar 26 ga Fabrairun 2021 an kwashe ɗalibai mata 279 daga makarantar Jangebe. A Satumbar 2023 an sace ɗaliban Jami'ar Tarayya ta Gusau daga gidajen kwanansu a Sabon Gida, cikin ƙaramar hukumar Bungudu. Rahotannin 'yan jarida sun sha nuna yadda ake tilasta wa mutanen ƙauyuka noma gonakin 'yan bindiga kafin a bar su su taɓa nasu, da yadda iyalai ke sayar da gona da shanu don haɗa kuɗin fansa. Masu yin wannan ba sa tambayar wanda suka kama masallaci yake zuwa ko coci.

Tsohuwar muhawarar ta ɗauki tsawon ƙarnuka ne saboda kowace al'umma ta fi damuwa da a daina kama nata, ta kuma kawar da kai idan na wasu aka kama. Ba ta zo ƙarshe ba sai da aka sami masu cewa babu wanda ya halatta a kama. Matashin da ke bibiyar siyasar Zamfara zai iya auna kansa da shugabanninsa da wannan ma'auni a duk ranar da labarin sata ya ɓullo daga ƙauyen da ba nasa ba, ko daga gidan ibadar da ba tasa ba.